DARASI: YADDA AKE GWADA MAGANI A JIKIN DABBA KAFIN YA ISO GA MUTUM

 A filin darasinmu na wannan fitowa za mu duba yadda masana ke amfani da dabbobi, tun daga ɓera har alade da saniya, wajen binciken cuta da magani. Wani zai ce ina ruwan mai safarar shanu da wannan? To, da ruwansa. Allurar da ake yi wa garkenka kafin ka ƙetare iyaka, da wadda ake yi wa jaririnka a dantse, duk ta wannan hanya suka biyo.

Me ya sa ake fara wa da dabba?

Ba a ɗaukar sabon magani a ɗura wa mutum kai tsaye, domin ba a san ko zai warkar ko zai kashe ba. Sai a nemi dabbar da jikinta ke aiki kusa da na mutum, a sa mata cutar, a ba ta maganin, a zuba ido. Ana raba dabbobin kashi biyu: kashi ɗaya a ba su, ɗaya a hana su, sannan a kwatanta. Haka Louis Pasteur ya yi a Faransa a 1881 da rigakafin ciwon saifa. Ya raba tumaki wajen 50 gida biyu, ya yi wa rabi allura, daga baya ya sa wa dukansu ƙwayar cutar a gaban jama'a. Waɗanda ba a yi wa allura ba suka mutu, sauran kuwa cutar ba ta kashe su ba. Duk wanda ya taɓa raba garke biyu don ya gane wane kiwo ya fi sa ƙiba, ya san kan wannan dabara.

Mafi yawan dabbobin da ake aiki da su ɓeraye ne, saboda arha da saurin haihuwa: cikin ɓera mako 3 ne kawai. In magani ya wuce matakin ɓera, sai a kai shi ga dabba babba kamar kare, biri ko alade. Bayan nan ne ake gwada shi ga mutane kaɗan da suka yarda, a riƙa ƙara yawansu mataki-mataki.

Abin da saniya ta ba duniya

A 1796 wani likita a Ingila, Edward Jenner, ya bi diddigin maganar da ake yi cewa matan da ke tatsar shanu, in suka ɗauki wasu ƙuraje daga hantsar saniya, agana ba ta kama su. Ya gwada ya ga haka ne. Daga nan rigakafin agana ya samo asali, har aka ba da sanarwar kawar da ita daga duniya a 1980.

Allurar BCG da ake yi wa jarirai don tarin fuka ita ma daga saniya take. Faransawa biyu, Calmette da Guérin, wanda na biyun likitan dabbobi ne, suka ɗauki ƙwayar tarin fukan shanu suka yi ta renonta a kan dankali da ruwan maɗaciyar sa, daga 1908 zuwa 1921. Sau 230 suna sauya mata mazauni har ta yi laushi, ta daina sa ciwo, amma tana koya wa jiki faɗa da cutar.

Haka ma insulin na masu ciwon sukari. A 1921 Banting da Best suka gwada shi a jikin karnuka a Toronto ta Kanada, a 1922 aka yi wa wani yaro allurar da aka tace daga wata tsoka da ke kusa da tumbin sa, ya farfaɗo. Shekara wajen 60 duniya ta yi tana dogara da insulin na shanu da aladu, kafin a fara sayar da wanda ake haɗawa a masana'anta a 1982.

Alade fa?

Mu dai mun san hukuncin cin namansa, babu ja. Masu bincike kuwa abin da suka gani a jikinsa shi ne kama da mutum. Zuciyarsa da ƙodarsa girmansu ya yi kusa da namu, fatarsa tana warkewa kusan yadda tamu ke yi, ga shi yana cin hatsi da nama kamar mutum. Saniya tumbinta ɗaki huɗu ne, tana tuƙa, saboda haka maganin da aka ɗura mata ba ya bin hanyar da zai bi a cikin mutum. Ga kuma lissafin haihuwa: alade cikinta kwana 114 ne, watau wata 3 da mako 3 da kwana 3, ta zubo 'ya'ya goma ko fiye. Saniya sai ta yi wata 9 ta ba ka maraƙi ɗaya. A Jamus har wani ƙaramin iri aka fitar a garin Göttingen musamman don bincike, wanda bai cika wuce kilo 45 ba.

Likitocin tiyata suna koyon aiki a jikinsa. Ana gwada maganin ƙuna da na rauni a fatarsa. Heparin, maganin da ke hana jini daskarewa lokacin tiyata da wankin ƙoda, yawanci daga hanjinsa ake samo shi. Ana kuma dasa wa masu ciwon zuciya murfin ƙofar zuciya da aka yi da na alade, ko da tantanin zuciyar saniya.

A Janairun 2022 likitocin Jami'ar Maryland a Amurka suka dasa wa wani mutum zuciyar alade da aka sauya wa ƙwayoyin gado guda 10 don kada jiki ya ƙi ta. Ya rayu wata 2. A Maris na 2024 aka dasa wa wani ƙodar alade a Boston, shi ma ya yi kusan wata 2 ya rasu. Har yanzu aikin a matakin gwaji yake. Ta fuskar addini, malamai da dama sun yi bayanin halin larura, inda rai ke cikin haɗari kuma babu madadi. Wanda abin ya shafa ya tambayi likita ko akwai madadi na halal, sannan ya nemi fatawar malaminsa.

Amfanin ya dawo kan garke

Dattawa ba su manta bushiya ba, wadda ta share shanun Afirka a shekarun 1890, ta kuma sake ɓarna a farkon shekarun 1980. Wasu rigakafinta na farko-farko ta jikin awaki da zomaye aka riƙa bi da ƙwayar cutar har ta yi sanyi. Daga baya Walter Plowright a Kenya ya rene ta a ƙwayoyin ƙodar maraƙi, ya fitar da allura mai kare saniya tsawon rai. A 1962 aka fara babban gangamin allura a ƙasashen tafkin Chadi: Nijar, Nijeriya, Kamaru da Chadi. A 2011 aka sanar da cewa bushiya ta ƙare a duniya. Ɗakunan bincike irin na Vom a Nijeriya, Farcha a Njamena, LANAVET a Garwa da LABOCEL a Yamai su ne suka gaji wannan aiki a yankinmu.

Ivermectin da kuke saya don tsutsa da kaska ya fito kasuwa a 1981 a matsayin maganin dabbobi. Da aka ga aikinsa, sai aka gwada shi ga mutane, daga 1987 aka fara raba shi kyauta don cutar makanta da ƙudan bakin kogi ke yaɗawa. Maganin sarar maciji, har da na kububuwa da ke addabar makiyaya, daga jinin dawaki ko tumaki ake tace shi.

Iyakar wannan hanya

Dabba dai dabba ce. Kusan 9 cikin 10 na magungunan da suka kai ga gwajin mutane ba sa samun shiga kasuwa, ko don ba su yi aiki ba, ko don illa. Farasitamol da muke sha yana kashe kyanwa. A Indiya, diclofenac da ake yi wa shanu ya kusa ƙarar da ungulaye masu cin mushe, har gwamnati ta hana ba dabbobi shi a 2006. Akwai kuma haƙƙin dabbar kanta. Tun 1959 masana biyu a Ingila, Russell da Burch, suka kawo ƙa'idoji uku: a nemi wata hanya in akwai, a rage yawan dabbobin, a kuma sauƙaƙa musu wahala. Wannan bai saɓa wa abin da addininmu ya koya mana na tausayin dabba ba.

Abin da za mu riƙe

1. Awon da ke jikin kwalba daga gwaji ya fito, bisa nauyin dabba. Rage shi don kwalba ta ishi shanu da yawa shi ke sa maganin sammore da na tsutsa su daina ci.

2. Kowane magani yana da kwanakin da za a jira kafin a yanka dabba ko a sha nononta. Mai yi wa sa allura yau ya loda shi tirela zuwa mahauta gobe, ya sayar wa mutane sauran magani a cikin nama.

3. Kada mutum ya sha maganin dabba, kada a ba wata dabba abin da aka rubuta don wata.

4. Boru yana kama shanu da aladu duka, kuma alade ya fi kowace dabba watsa shi. Motar da ba ka san abin da ta ɗauko ba, a wanke ta da magani kafin lodi.

5. A yi allurar ciwon huhu da ta saifa a kan lokaci, a riƙe takardar gaskiya. Takardar saye tana iya wuce da kai shingen iyaka, amma cutar tana nan cikin garken, za ta kuma shiga kara ta ci dukiyar 'yan'uwanka.

6. Dabbar da ta faɗi farat ɗaya jini na fita ta hanci ko dubura, kada a feɗe ta. A kira ma'aikacin dabbobi, domin saifa tana kashe mutum.

A karanta wa waɗanda ba su iya karatu ba a kara da mashaya. Allah ya tsare mu da dukiyarmu, ya kai mu kasuwa lafiya, ya dawo da mu gida lafiya. Amin.