Filin Shawarwari: Kwamfutata Ta Ce Wani Fayil Ya Ɓata

Malam,

Ina da ƙaramin shagon buga takardu a cikin garin Haɗeja. Ina buga wa ɗaliban Binyaminu Usman Polytechnic ayyukansu na kammala karatu, ina kuma haɗa katin biki da takardun talla na masu shinkafa da masu kifi. Kwamfuta ɗaya gare ni, ta gwanjo ce mai Windows 10, kuma da ita nake ci da iyalina.

Kwanakin baya wani abokin sana'a ya kwafo mini foldar wata manhajar zane a filash. Da na danna ta, sai wani ɗan akwati ya fito a allo yana cewa ba a ga VCRUNTIME140.dll ba. Na nemi sunan a intanet, na samu wani shafi da ke bayar da shi kyauta, na sauke, na jefa shi cikin System32 kamar yadda suka ce. Yanzu saƙon ya canza zuwa wata lamba, 0xc000007b, kuma wata manhajar da take lafiya lau a da ita ma ta ƙi buɗewa. Ban da wannan, a makon an taɓa ɗauke wuta kwamfutar tana tsakiyar sabuntawa.

Wani mai gyara ya ce sai an yi mata fomatin, ni kuwa ayyukan mutane ne cike a ciki. Malam, mene ne wannan fayil, kuma ina mafita?

Naka,
Mai shagon buga takardu, Haɗeja

Ɗan'uwa,

Kwantar da hankalinka, kada ka bari a yi fomatin tukuna. Abin da ka bayyana bai kai nan ba. Amma kafin ka taɓa komai, kwashe ayyukan mutane ka zuba a filash mai tsabta, don amana ce.

Fayil mai ƙarewa da .dll wani guntun aiki ne da manhajoji da yawa suke tarayya a kansa. Ka dubi injin casar shinkafa a garinku: ba kowane manomin fadama ke sayen nasa ba, ɗaya ne ake kai wa buhuna daga ko'ina, kuma ranar da ya tsaya kowa sai ya ji a jikinsa. Masu rubuta manhaja su ma ba sa sake rubuta yadda ake buɗe fayil ko yin lissafi ko zana hoto a allo. Suna dogara da abin da aka riga aka rubuta aka ajiye wuri guda, manhajarsu ta kira shi duk sa'ad da take bukata. Shi ya sa da ka taɓa fayil ɗaya, wata manhajar da ba ruwanta ita ma ta kwanta.

Tushen matsalarka kwafo folda ne. Idan aka saka manhaja ta hanyar fayil ɗinta na sakawa, ba folda ɗaya kawai yake cikawa ba. Yana ajiye wasu fayiloli a cikin Windows, yana rubuta bayanansu a rajistarsa. Abokinka ya ɗauko maka abin da ido ke gani, sauran suna can a kwamfutarsa.

Sunan fayil ɗin kuma yana gaya maka mai shi. VCRUNTIME140.dll da ɗan'uwansa MSVCP140.dll na cikin wani ƙunshi ne na Microsoft mai suna Visual C++ Redistributable, kuma lambar 140 tana nufin ƙunshin da ya haɗa na 2015 zuwa sama. In ka ga 120, na 2013 ne. 110 na 2012. 100 kuwa na 2010. In wata rana yara suka saka wasa aka ce ba a ga d3dx9_43.dll ba, wannan na DirectX ne, ƙunshin watan Yuni na 2010. Ka'idar dai ɗaya ce: kada ka nemi fayil shi kaɗai, nemi ƙunshin da ya fito daga ciki, daga hannun kamfanin da ya yi shi.

Ita kuwa lambar 0xc000007b, galibi tana fitowa ne idan aka haɗa fayil mai bit 32 da manhaja mai bit 64, ko akasin haka. A nan mutane da dama ke faɗawa, domin a Windows mai bit 64, foldar System32 ta fayilolin bit 64 ce, na bit 32 kuma suna cikin SysWOW64. Da alama wanda ka sauke bai dace da inda ka sa shi ba. Wannan ma sauƙi ne idan aka kwatanta da haɗarin sauke fayil daga shafin da ba a sani ba. Irin waɗannan shafuka ba wanda ya san abin da aka cusa a fayilolinsu, kuma DLL yana aiki ne da duk ikon manhajar da ta kira shi. Kwamfutar da ake shigar da lambobin NIN da bayanan rajistar JAMB na 'ya'yan mutane ba wurin gwaji ba ce, balle yanzu da Microsoft ta kawo ƙarshen tallafin da ta saba ba Windows 10 tun ranar 14 ga Oktoba 2025.

Ga abin da za ka yi, bi da bi.

Na farko, goge fayil ɗin da ka jefa da hannunka, shi kaɗai, kada ka taɓa maƙwabtansa. Sannan ka sa antibairos ya bincike kwamfutar gaba ɗaya, har da filash ɗin abokin naka.

Na biyu, shiga shafin Microsoft na ainihi ka sauke vc_redist.x64.exe da vc_redist.x86.exe. Saka duka biyun, domin kwamfuta mai bit 64 tana gudanar da manhajoji iri biyun. Jimillarsu ba ta kai megabait 50 ba. In ya nuna maka akwai shi a ciki, zaɓi Repair. Ka kashe ka kunna. Sau da yawa a nan maganar ke ƙarewa.

Na uku, saboda waccan wutar da aka ɗauke, a duba fayilolin Windows kansa. Buɗe Command Prompt da ikon mai gudanarwa, ka haɗa intanet, ka rubuta DISM /Online /Cleanup-Image /RestoreHealth. In ya gama, rubuta sfc /scannow. Na farkon yana gyara ma'ajiyar da Windows ke ɗauko lafiyayyun fayiloli, na biyun yana musanya waɗanda suka lalace. Suna ɗaukar lokaci, don haka ka tabbata da mai a janareta kafin ka fara. Ka sani sfc fayilolin Windows yake kula da su, ba zai ɗauke maka mataki na biyu ba.

Na huɗu, goge waccan foldar da aka kwafo, ka nemi fayil ɗin sakawa na asali. In manhajar ta fashi ce, wato wadda aka karya makullinta, za ka ga antibairos yana ta kame mata fayil, saƙon kuma yana dawowa. Kada ka kashe antibairos don ta buɗe. In kuɗin lasisi ya yi maka nauyi, Inkscape kyauta ce, kuma tana haɗa katin biki mai kyau.

In ka yi duk wannan sai wasu fayilolin daban suka ci gaba da lalacewa, to zargi ya koma kan faifan ajiya. Na kwamfutar gwanjo ya riga ya sha aiki, ga zafin bazara da ƙurar hunturu irin na Haɗeja. A nan ne za ka kai wa mai gyara ya auna lafiyar faifan, in ya gaji a canza shi, don fomatin ba ya warkar da faifan da ke mutuwa.

Daga ribar katin biki na gaba, ka fara tara kuɗin ƙaramin UPS, wanda zai riƙe maka kwamfutar na 'yan mintoci ka kashe ta yadda ya kamata. Waɗannan fayilolin vc_redist guda biyu kuma ka ajiye su a filash na musamman da ba ya yawo a hannun kwastomomi. Allah ya ba da kasuwa.