“Oga, sa min wanda yake yi babu data”

Ni mai gyaran waya ne a Kano, kuma ɓangaren manhaja na fi zama a kai: filashin, dawo da abin da ya goge, da wanke wayar da ta kwaso cuta. A cikin buƙatun da ake kawo min bakin tebur, akwai wadda ba na yin mako ban ji ta ba, yawanci daga yara 'yan sakandare da samari: “Oga, don Allah sa min Free Fire ɗin nan da yake yi babu data.” Wani PUBG yake so, wani eFootball. In na ce babu irinsa, sai yaro ya zaro waya ya nuna min bidiyo a YouTube ko TikTok. Ga wani yana bugawa, ga alamar jirgi a saman allo, ga kuma adireshin da za a bi a sauke.

Abin da ya zaunar da ni rubutun nan wata baiwar Allah ce da ta zo shagona tare da ɗanta, yaron bai wuce shekara goma sha uku ba. Atamfa da mayafai take sayarwa daga gida, kuma duk cinikinta a wayar yake: hotunan kaya, lambobin masu saye, da manhajar banki. Ta ce wayar tana zafi ko ba a taɓa ta ba, caji ba ya kai ta azahar, talla tana faɗo mata a kan allo tana tsakiyar kira, katin da ta sa kuma ya ƙare ba ta kira kowa ba. Abin da ya fito da ita daga gida shi ne alat na fitar kuɗin da ba ita ta tura ba.

Da na shiga jerin manhajojin wayar sai na tarar da wata a can ƙasa, ba suna, ba hoto. An ba ta izinin karanta saƙonni, an kuma kunna mata Accessibility, wato damar ganin duk abin da ke kan allo da danna shi kamar yatsan mai waya. Na ja yaron gefe na tambaye shi a hankali. Ya sunkuyar da kai ya ce, “Oga, gem na sauke. An ce in na danna duk abin da ya tambaya zai yi babu data.” Mahaifiyar ta ce, “Malam, ni fa ba shi nake yi ya ɗan yi wasa bayan ya dawo daga Islamiyya.” Gem ɗin ma bai taɓa buɗewa ba. Yaron bai ga ko farkonsa ba.

Ga yadda abin yake. Wasa irin Free Fire, wanda kamfanin Garena na Singafo ya fitar a 2017, rabinsa ne kawai a cikin wayarka. Abin da ka sauke hotuna ne da sauti da taswirar tsibirin da siffofin 'yan wasa. Ɗaya rabin yana can cikin manyan kwamfutocin kamfanin, waɗanda muke kira saba. Mutum 50 ake zubawa a fili ɗaya, a PUBG Mobile har 100, kowa da wayarsa a garinsu. Sabar ce ta san inda kowa yake tsaye a kowace daƙiƙa, ita ke yanke hukuncin wanda ya riga wani harbi, ita ke matse filin, ita ke rubuta wanda ya ci. Idan ka cire ta, abin da ya rage a hannunka hoton fili ne babu 'yan wasa babu alƙali.

Misalin da nake ba yara shi ne na'urar POS, don kowa ya taɓa tsayawa gaban mai POS ana jiran netwok ya dawo. Kuɗin ba a cikin na'urar suke ba, suna banki. Duk ƙwarewar mai gyara ba zai taɓa sa POS ta riƙa biyan kuɗi babu netwok ba, saboda ba a nan littafin lissafin yake ba. To haka dayamon ɗin Free Fire, haka garin da ka gina a Clash of Clans, haka 'yan ƙwallon da ka tara a eFootball. Duk suna rubuce a littafin kamfani. Shi ya sa wanda ya ce zai ba ka dayamon mara iyaka, iyakar abin da zai iya shi ne ya canza lambar da ke fitowa a allonka. Da ka je sayen wani abu da ita, sabar za ta duba littafinta ta ga babu. Kuma in ta gane an taɓa manhajar, rufe akawun ɗin take yi, wahalar shekara biyu ko uku ta tafi.

Bidiyon da ake nuna min kuwa ba wani sirri a ciki. Duk mai waya zai iya gwadawa yanzu: danna alamar jirgi, sannan ka kunna Wi-Fi. Alamar jirgin tana nan a sama, amma intanet na aiki. Wasu ma ba sa wahalar da kansu da wannan, bidiyon wasan da aka ɗauka tun da farko suke kunnawa suna motsa yatsu a kai.

Ba na ganin laifin yaran nan, kuma ina so iyaye su gane haka kafin su ɗauki bulala. Data ta yi tsada. A Janairun 2025 hukumar NCC ta amince wa kamfanonin sadarwa ƙarin farashi har kashi 50 cikin ɗari, kuma kowane gida ya ji a jikinsa. Akwai garuruwan da sai an hau tudu ake samun sabis. Mutanen Zamfara ba su manta da Satumbar 2021 ba, lokacin da aka rufe layukan waya a jihar saboda matsalar tsaro, rufewar ta kuma shafi wasu ƙananan hukumomin Katsina da Sakkwato da Kaduna. Yaron da ya saba da wasa, ya ga abokansa suna labarinsa a makaranta, dole zai nemi hanya. Mu ma da muka tashi da macijin Nokia 3310 mun san daɗin abin da ke cikin waya wanda ba ya tambayar ka ko sisi.

Su ma kamfanonin ba duka ne nake wanke su ba. Akwai wasannin da mutum shi kaɗai yake bugawa, babu abokin karawa, amma an ɗaure su da intanet. Lokacin da Nintendo ya fitar da Super Mario Run a Disambar 2016, wasan ba ya buɗewa sai da intanet, kuma kamfanin bai ɓoye ba cewa tsoron masu satar fasaha na cikin dalilan. Wasu kuma talla ce abincinsu, in babu data babu talla, don haka suke toshe ƙofa. Wannan zalunci ne ga mai ƙaramin ƙarfi, a ganina. Sai dai maganinsa shi ne ka bar musu kayansu ka nemi wani, domin wanda ya ce ya fasa maka ƙofar ba don Allah ya yi ba.

Fayilolin da yara ke kawo min da sunan gem mai yi babu data, na buɗe su da yawa. Mai sauƙin cikinsu wani ƙaramin wasa ne daban aka manna masa hoton Free Fire, aka cika shi da talla. Akwai wanda zai ce sai ka tabbatar kai mutum ne, ya tura ka shafi bayan shafi, ka sa lambar wayarka, ka sauke wasu manhajoji uku, a ƙarshe ba gem, an kuma yi maka rajistar wani abu da ke cire kuɗi daga katinka kullum. Na ƙarshe shi ne irin na wayar baiwar Allahn nan. Wannan ba zancen bakin kasuwa ba ne. A Satumbar 2024 kamfanin tsaron kwamfuta na Kaspersky ya sanar da gano wata muguwar manhaja mai suna Necro a cikin kwafin wasannin da aka taɓa, har da Minecraft da Stumble Guys da Car Parking Multiplayer, waɗanda ake rabawa a shafukan da ba na kamfanonin ba. Tun a 2021 kamfanin ya gano wata mai suna Triada a cikin FMWhatsApp, ɗaya daga cikin WhatsApp ɗin jabu da mutanenmu ke rububi. Banza ba ta kai zomo kasuwa.

Alamar da ta fi kowace bayyana ita ce izinin da manhajar ke nema. Wasa ba shi da hulɗa da saƙonninka, ba shi da hulɗa da lambobin mutanenka, ba shi da dalilin neman Accessibility ko zama mai kula da waya. Lambar sirrin da banki ke turowa ta saƙo take zuwa. Wanda ya iya karanta saƙonka, ya kuma iya ganin abin da kake dannawa, ya riga ya shigo ɗaki.

Wasannin da suke yi babu data da gaske suna nan da yawa, kuma yawancinsu a Play Store suke kyauta. Subway Surfers da Temple Run ba sa buƙatar komai bayan an sauke su. Ludo King mutum huɗu za su iya bugawa a waya ɗaya suna miƙa wa juna.  Wasu, irin su Minecraft da BombSquad, ana haɗa wayoyi da hotspot a buga tare a ɗaki ɗaya ko da layin babu data, domin wayoyin da junansu suke magana. Ko Chrome ɗin da ke wayarka yana da ɗan wasan dabbar nan mai tsallake ƙaya, wanda ke fitowa idan intanet ya yanke.

Gwajin da nake yi kafin na miƙa wa mutum wayarsa kowa zai iya yi. Sauke wasan lokacin da kake da data, ka buɗe shi, ka bar shi ya gama ɗauko sauran kayansa, domin da yawa sai an buɗe su karon farko suke ƙarasa saukewa. Buga mataki ɗaya. Sannan ka kashe data da Wi-Fi duka, ka rufe wasan gaba ɗaya, ka sake buɗewa. In ya tashi, naka ne ko a ƙauyen da babu sabis. In ya tsaya yana juya da'ira, to ɗan intanet ne, kuma babu mai gyaran da zai canza masa hali.

Wani abin da mutane ba su lura da shi ba: buga wasan intanet ɗin kansa ba ya shan data kamar kallon bidiyo. Abin da ke kai-komo tsakanin waya da saba bayanai ne ƙanana. Masu cinye data su ne sabuntawa, da ƙarin taswirori da kayan ado da wasan ke ɗaukowa, da tallan bidiyo. Shiga saitin waya, wajen da ke nuna yawan datar da kowace manhaja ta sha, ka kwatanta gem ɗin da TikTok. Na sha nuna wa iyaye wannan su yi mamaki. Hana Play Store sabunta manhajoji da kansa sai an samu Wi-Fi, a sayi ƙaramar data ta kwana ɗaya ranar da babu makaranta, wannan ya fi araha nesa ba kusa ba a kan abin da baiwar Allahn nan ta rasa. Kuma duk wasan da yaro ya damu da shi, a haɗa shi da akawun ɗin Google ko Facebook. Na ga samari suna hawaye a shagona bayan filashin, saboda a matsayin baƙo suke bugawa, komai ya tafi da wankin.

Wanda ya riga ya sa irin wannan fayil, ya fara kashe data. Ya kira bankinsa da wata wayar a dakatar da asusun, ya canza lambobin sirrinsa daga wata na'urar daban. Ya shiga Accessibility da wajen masu kula da waya ya kashe duk abin da bai sani ba, sannan ya goge manhajar, ya kunna Play Protect ya bincika. A Nijeriya, *305# na taimakawa wajen dakatar da rajistar da ke cin kati. In tallar ba ta daina faɗowa ba, ko manhajar ta ƙi goguwa, a kwashe hotuna da lambobi a wanke wayar gaba ɗaya. Haka muka yi wa wayar baiwar Allahn nan. Wayar ta dawo daidai, kuɗin kuwa har ta bar shagona ba su dawo ba.

'Yan uwana masu gyara da masu tura fina-finai da gem, maganar ta shafe mu kai tsaye. Da yawa daga fayilolin nan daga kwamfutocinmu suke fita, a tura wa yaro ta Xender a karɓi ɗan abin da bai kai kuɗin shayi ba, shi kuma ya tura wa ajinsu kaf. Ni ma a farkon sana'ata na tura irinsu ban san abin da ke ciki ba, kuma na daina tun ranar da na gane. Amana ce mutum ya miƙo maka wayar da sirrinsa da dukiyarsa ke ciki. Ku goge fayilolin nan daga kwamfutocinku, ku faɗa wa yaro gaskiya ko da zai tafi wani shagon.

Iyaye kuma, musamman iyaye mata da ke ba yara wayar da suke kasuwanci da ita, yau da daddare ku karɓi wayar ku shiga jerin manhajoji tare da yaron. Duk abin da ba daga Play Store ya fito ba a cire shi, ku zaɓar masa wasa biyu ko uku masu yi babu data, ku gwada su a gabansa. Don Allah kada ku bar fayil ɗin da aka turo ta Xender ko Telegram ya shiga wayar da ke ɗauke da manhajar bankinku.