Darasi na 18: Littattafan jirgin ƙasa

Dakar-Nijar sunan wata tsohuwar hanyar jirgin ƙasa ce. Mai jin sunan zai zaci ta iso ƙasar Nijar, amma ba haka ba ne. Daga Dakar ta tashi, ta bi ta Tiyes da Bamako, ta tsaya Kulikoro, bakin kogin Isa, wanda Faransawa ke kira Niger. Sunan kogin aka ba ta. An fara shimfiɗa dogon a 1881, ya kai Kulikoro a 1904. Ba a gama haɗa shi da Dakar ba sai a 1924. Tsawonsa ya kusa kilomita 1.300.

A wancan zamani, tururi ke tafiyar da jirgi. Kan jirgin yana da murhu da babbar tukunyar ƙarfe cike da ruwa. Mai hura wuta yana zuba gawayi ko itace cikin murhu. Idan ruwa ya tafasa, tururi ya fita da ƙarfi, ya tura wani ƙarfe mai kai da komo cikin bututu. Ƙarfen nan shi ke juya ƙafafun jirgi. Jirgin yana da yawan shan ruwa, shi ya sa ake gina tankunan ruwa a tashoshi. Daga baya injin gazuwal ya gaje shi.

Yau ba a jin kukan jirgin tururi a wannan hanya. To, ina ake samun labarinsa? Cikin littattafai.

Littattafan iri biyu ne. Akwai na tarihi. Marubutansu suna duba tsofaffin takardu da taswirori da hotuna, suna kuma zantawa da tsofaffin ma'aikata. Daga gare su ake sanin cewa an sa mutane da yawa aikin tilas wajen shimfiɗa dogo. Su ne kuma ke bayyana abin da jirgi ke ɗauka zuwa bakin teku, kamar gyaɗa.

Akwai kuma na ƙagaggen labari. Wanda ya fi suna shi ne Les Bouts de bois de Dieu, na Usman Sambene, mutumin Sanagal, wanda ya fito a 1960. Ya gina labarinsa bisa abin da ya faru da gaske. Ran 10 ga Oktoba 1947, ma'aikatan jirgin ƙasa baƙar fata suka daina aiki. Suna neman a ba su haƙƙi daidai da na Turawa abokan aikinsu. Yajin aikin ya shafi har dogon Kwatano zuwa Faraku. Bai ƙare ba sai ran 19 ga Maris 1948, bayan fiye da wata biyar. Littafin ya nuna yunwar da iyalai suka sha, da yadda mata suka tsaya tsayin daka.

Littafin tarihi yana faɗin rana da adadi. Ƙagaggen labari yana sa mai karatu ya ji zafin murhu da kukan yaro mai yunwa. Ɗalibin kirki yana karanta duka biyu, yana kuma rarrabe su. Abin da aka rubuta ba ya mutuwa tare da tsofaffi.

Ma'anar kalmomi
dogo: les rails
tururi: la vapeur
yajin aiki: la grève
aikin tilas: le travail forcé
ƙagaggen labari: le roman

Tambayoyi
1. Don me aka sa wa hanyar suna Dakar-Nijar?
2. Mene ne aikin mai hura wuta?
3. Me ma'aikata suka nema a 1947?
4. Mene ne bambancin littafin tarihi da ƙagaggen labari?

Aikin gida
Kowane ɗalibi ya tambayi wani tsoho yadda ake tafiya mai nisa a zamaninsa, ya rubuta amsar cikin jimla biyar.