Mahayin Dokin Windhoek

'Yan'uwana ɗalibai da iyayenmu masu karanta wannan mujalla, ina so in ba ku labarin wani mutum-mutumi na tagulla wanda ya yi shekara ɗari da ɗaya a tsaye cikin birnin Windhoek, babban birnin ƙasar Namibiya, kafin a kawar da shi. Siffar wani sojan Jamus ce, bisa doki, da bindiga a hannunsa. Jamusawa suna ce masa Reiterdenkmal, watau abin tunawa na mahayi.

Asalin maganar shi ne, tun a shekarar 1884 Jamus ta mallaki wannan ƙasa, lokacin ana kiranta Afirka ta Kudu maso Yamma. Turawa suka yi ta zuwa suna karɓe filayen kiwo da shanun mutane, ga shi kuwa ƙabilar Herero makiyaya ne, dukiyarsu duk shanu ce. Da abin ya ishe su, sai suka ɗaura yaƙi a watan Janairu na 1904 a ƙarƙashin shugabansu Samuel Maharero. Daga baya ƙabilar Nama ma ta tashi tare da Hendrik Witbooi. Sarkin Jamus ya aiko da wani janar mai suna Lothar von Trotha, wanda ya ci Herero da yaƙi a Waterberg cikin watan Agusta, ya kora su cikin hamadar Omaheke, ya sa aka tsare rijiyoyi. A watan Oktoba ya ba da umurni a harbe duk ɗan Herero da aka samu cikin ƙasar, ko yana da makami ko ba shi da shi. Waɗanda ƙishirwa ba ta kashe ba aka tara su a sansanoni ana sa su aikin tilas. Masana tarihi sun ƙiyasta cewa mafi yawan Herero sun hallaka, haka kuma wajen rabin Nama.

To, bayan ƙura ta lafa ne aka ƙera wannan mahayi a Jamus, aka kawo shi ta jirgin ruwa. Gwamna Theodor Seitz ya buɗe shi ran 27 ga Janairu, 1912, ranar haihuwar Sarki Wilhelm na Biyu. A jikin dutsen da aka ɗora shi akwai allo wanda ya lissafa Jamusawan da suka mutu, hafsoshi da sauran sojoji da farar hula. Ba a ambaci baƙin mutum ko ɗaya cikin mamatan ba. Abin da ya fi ba ni takaici da na karanta labarin shi ne wurin da aka zaɓa, domin a nan ne aka yi ɗaya daga cikin sansanonin da aka tsare mutane. Ashe jikokinsu sun yi ta wucewa ta gindin dokin nan shekara da shekaru.

Shekara uku kacal bayan haka, a 1915, sojojin Afirka ta Kudu suka ƙwace ƙasar daga hannun Jamus, amma doki yana nan inda yake. Har Namibiya ta sami 'yancin kai ran 21 ga Maris, 1990, ba wanda ya kawar da shi.

Daga nan ne gardama ta yi ƙarfi. 'Yan ƙasar masu asalin Jamus, waɗanda har yanzu akwai su da dama, suka ce tarihi ne, kuma baƙi 'yan yawon buɗe ido suna zuwa kallonsa. Wasu kuwa suka ce ai ba a ɗora mutum bisa dutse a tsakiyar gari don a koyar da tarihi, sai don a girmama shi. A 2009 aka ɗage shi don a gina gidan tarihi na 'yancin kai, aka sake kafa shi kusa, a gaban tsohon barikin Jamusawa da ake kira Alte Feste. Sannan a daren Kirsimeti na 2013, zamanin Shugaba Hifikepunye Pohamba, 'yan sanda suka tare hanyoyi, ma'aikata suka sauke shi, aka shigar da shi cikin harabar barikin.

Ni a ganina an yi daidai da aka sauke shi, an kuma yi daidai da ba a farfasa shi ba, gama allon nan da ya manta da dubban mutane shi kansa shaida ne wanda ya kamata yara su gani. Abin da ban so ba shi ne yin aikin da dare, kamar ana jin kunya. Wanda ke da gaskiya me zai sa ya jira gari ya yi barci?

A 2014 aka kafa wani mutum-mutumi a gaban barikin, namiji da mace da tsinkakkun sarƙoƙi a hannuwansu, don tunawa da waɗanda aka kashe. Jamus kuwa sai a watan Mayu na 2021 ta yarda a hukumance cewa abin da aka yi kisan ƙare dangi ne, ta yi alkawarin kuɗin ayyukan raya ƙasa yuro biliyan 1.1 cikin shekara 30. Shugabannin Herero da Nama da yawa suka ƙi amincewa, suka ce da gwamnati aka yi shawarar, ba da su ba.