DARASIN GIRKI: KARIN KUMALLO NA GWAZA DA ROMON AWARA

Darasin wannan wata domin sababbin shiga girki ne, da iyayen da yaransu ke tafiya makaranta da koko kaɗai a ciki. Koko yana da kyau, amma kafin ƙarfe goma yunwa ta dawo, yaro ya fara gyangyaɗi a aji. Nama da ƙwai kuwa sun yi tsada. Abin da zai maye gurbinsu yana gonakinmu: waken soya da gwaza.

Asalin awara daga ƙasar Sin ne, mutanen Japan kuma suka riƙe ta sosai, suna kiranta tofu. Da safe sukan sha ta cikin romon miso, wani abin ɗanɗano na waken soya da ake bari ya ruɓa kamar daddawarmu. A ƙarshen shekarun 1980 cibiyar binciken noma ta IITA da ke Ibadan ta yi ta koyar da sarrafa soya a gidaje, har wani masanin abinci daga Japan ya yi aiki tare da su kan yin awara da kayan gida. Gwaza kuma shi ne babban abincin tsibiran Folinisiya a tekun Fasifik. A Hawai ana dafa shi a kirɓa, a kira shi poi. To, mu za mu haɗa biyun a kwano ɗaya.

Don mutum shida, ki tanadi waken soya kofi uku, gwaza matsakaita guda takwas, ruwan tsami, daddawa, albasa, ɗan attaruhu, zogale ko alayyafo, man gyaɗa da gishiri mai aidin.

Awara aikin jiya ce, ba ta safiya ba. Ki tsince waken, ki jiƙa shi da asuba, da la'asar ki wanke ki kai inji. Ki ƙara ruwa kamar kofi goma sha takwas, ki tace da ƙyalle mai tsabta. Ki ɗora madarar a wuta kina juyawa, domin tana saurin kamawa kuma tana tashi ta zube. Nan ne masu koyo suka fi gaggawa. Ki bari ta tafasa sosai, aƙalla minti goma, saboda ɗanyen soya yana da wani sinadari da ke hana jiki amfana da abincin, zafi ne kawai ke kashe shi. Sannan ki rage wuta, ki riƙa zuba ruwan tsami kaɗan-kaɗan har ta dunƙule, ruwan ya koma garai-garai. Idan ya yi yawa, awarar za ta yi tsami ta kuma ƙanƙance. Wasu na sa alif don sauri. A ganina ruwan tsamin kamu ko jiƙon tsamiya ya fi, ga shi kusan kyauta. Ki juye a ƙyalle, ki ɗaure, ki danne da dutse na awa ɗaya. Ki yanka ƙanana, ki soya sama-sama don ta kwana lafiya, musamman lokacin zafi.

Kada ki zubar da dusar. A Japan ma cinta ake yi. Ki cuɗa ta cikin ƙullun ƙosai ko garin tuwo.

Da safe ki wanke gwaza, ki dafa shi da ɓawonsa har tsinke ya ratsa shi ba wahala. Wanda bai dahu ba yana ƙaiƙayi a maƙogwaro, kuma yaron da ya taɓa jin haka da wuya ya sake ci. Yana kan wuta, ki soya albasa da mai cokali biyu, ki zuba ruwa kofi shida da dakakkiyar daddawa da attaruhu da gishiri. In ya tafasa ki sa awara ta yi minti biyar, ganye ya shiga daga ƙarshe. A tsibiran can da madarar kwakwa ake haɗa gwaza. Mu cokali biyu na niƙaƙƙiyar gyaɗa a romon ya isa.

Ki ɓare gwazan, ki zuba romo a kai. Ga yaron da ya wuce wata shida, ki ɗebi nasa kafin ki sa yaji, ki murƙushe shi lukui. Inda babu gwaza, dankalin Hausa zai yi.

Magidanta kuma, da kaka kafin a kai soya kasuwar Kwanar Dangora ko ta Tudun Wada, a ware wa uwargida mudu goma a ajiye a busasshen wuri. Idan sau ɗaya a mako take yi, zai kai gidan wata da watanni.