Darasi na 14: Zaitun da aduwa

Zaitun icce ne mai albarka. Daga ƴaƴansa ake matso man zaitun. Ana shuka shi a ƙasashen bakin Bahar Rum, kamar Tunusiya da Maroko da Italiya. Yana son sanyi mai tsawo kafin ya yi fure. Saboda haka ba a nomansa a gonakin Tasawa da Mayahi. A Nijar, sai bisa duwatsun Abzin ake ganin wani zaitun na daji, mai ƙananan ƴaƴa.

Amma jihar Maraɗi tana da nata iccen mai, shi ne aduwa. Aduwa tana da dogayen ƙayoyi. Saiwarta tana nutsewa ƙasa ƙwarai, don haka fari ba ya kashe ta da sauƙi. Yara suna tsotsar ƴaƴanta. Mata suna dafa furenta, wanda ake kira dubagira. Awaki da raƙuma suna cin ganyenta da rani. Masassaƙa suna yin allo da ƙotar fartanya da iccenta. Cikin ƙwallonta akwai ƙwaya mai mai da yawa. Ana fasa ƙwallon, a soya ƙwayar, a daka, a matse kamar man gujiya.

Ana shuka aduwa a farkon damana. Da farko a wanke ƙwallon, a jiƙa shi kwana ɗaya. Sannan a binne shi inda ake so iccen ya tsaya, don aduwa ba ta son a katse mata saiwa wajen dashe. In ta tsiro, a yi mata shinge da ƙaya saboda awaki. A riƙa cire haki daga gindinta. Mai shuka aduwa sai ya yi haƙuri, domin takan yi shekara 5 ko fiye kafin ta fara ƴaƴa.

Akwai wata hanya da ta fi sauri. A da, manoma sukan sare kowane toho lokacin sharar gona. Bayan farin 1973 da na 1984, gonaki da yawa suka zama fili. Iska ta riƙa binne hatsi da rairayi, mata suna tafiya mai nisa neman iccen wuta. Tun 1983 wani malamin gona ɗan Ostareliya, Tony Rinaudo, ya lura cewa kututturan da ke gonakin Maraɗi ba su mutu ba. Manoma suka fara barin toho mafi ƙarfi, daga 1 zuwa 5, a kan kowane kututture, suna aske sauran da wuƙa mai kaifi. Wannan shi ne sassaben zamani. Da shi aduwa da gawo da kalgo suka komo gonaki. Wanda ya sare ƙaramar aduwa ya samu wutar dare ɗaya. Wanda ya raye ta, jikokinsa ma za su sha mai.

Tambayoyi

1. Don me ba a noman zaitun a Mayahi?
2. Faɗi amfanin aduwa guda 4.
3. Yaya ake yin sassaben zamani?

Aiki

Kowane ɗalibi ya ƙirga aduwar da ke gonar gidansu. Ya kawo ƙwallo 10 makaranta don shukar bana.