Yadda ake sa kiɗa ya riƙa tashi ba yankewa a gem ɗin intanet

Tun a 1978, lokacin da Tomohiro Nishikado ya fito da Space Invaders a Japan, masu haɗa gem suka gane amfanin kiɗan da ba ya tsayawa. Sauti huɗu ne kacal suke ta zagayawa, suna ƙara sauri yayin da abokan gaba ke matsowa, amma sun isa su sa gaban mai wasa ya riƙa faɗuwa. Yau wanda ya haɗa ƙaramin gem da ake buɗewa a burauza yana da kayan aikin da Nishikado bai taɓa mafarkinsu ba, sai dai kiɗansa kan ba shi kunya: ko ya ƙi tashi gaba ɗaya, ko ya yi tuntuɓe duk sanda ya zagayo farko, ko ya mutu da zarar an wuce mataki na gaba. Kowanne da dalilinsa, kuma ana fara gyaran ne tun daga fayil ɗin kiɗan, kafin a rubuta layin umarni ko ɗaya.

Fara da samun kiɗan da kake da ikon amfani da shi. Waƙar fim ko ta wani mawaƙin da kake so ba taka ba ce don kawai tana cikin wayarka. Akwai rumbuna irin su OpenGameArt, da kiɗe-kiɗen Kevin MacLeod waɗanda ake ɗauka kyauta bisa sharaɗin a ambaci sunansa. Wanda ya fi duka a wurina shi ne ka nemi mai kalangu ko mai gurmi ku yi yarjejeniya, ka naɗi kiɗansa da kanka. Ko wanne ka zaɓa, ya zama marar baiti, domin kunne yana saurin gundura da kalmar da aka maimaita sau hamsin, amma yana haƙuri da amon ganga.

Daga nan sai yanka. Buɗe kiɗan a Audacity, manhaja ce ta kyauta. Abin da kake nema shi ne guntun da ƙarshensa zai shiga farkonsa ba tare da kunne ya ji mahaɗar ba, kuma wannan lissafi ne, ba a yin sa da ka. Idan kiɗan yana bugu 120 a minti ɗaya, kowane bugu rabin sakan ne. Gaɓa mai bugu huɗu sakan 2 ke nan, gaɓa 16 kuma sakan 32 cif. A fayil mai ɗigon sauti 44,100 a kowane sakan, guntun zai zama ɗigo 1,411,200. Ka yanke a kan wannan adadin. In ka rage ko ka ƙara ko da kaɗan ne, mai wasa ba zai iya faɗin abin da ya faru ba, amma zai ji kiɗan yana ɗingishi. Bayan ka zaɓi wurin, danna harafin Z, Audacity zai matsar da bakin yankan zuwa inda igiyar sautin ta ratsa sifili. Yankan da ya faɗa a tsakiyar igiya shi ke haifar da ƙarar nan ta "ƙas" a kowane zagaye.

Akwai wani abin da ake yawan mantawa. Bugun ƙarshe yana da jela, wato amsa-kuwwar da ke biyo bayansa. Idan ka datse ta, ƙarshen zai yi gundul. Kwafe jelar, ka ɗora ta a kan sakan na farko na guntun, ka haɗe su. In kiɗan ya zagayo, jelar bugun ƙarshe za ta sauka a kan bugun farko kamar yadda za ta yi in da makaɗin bai taɓa tsayawa ba. Saurari mahaɗar da abin sawa a kunne, a maimaice, har sai ka kasa nuna inda take.

Yanzu wane irin fayil za ka fitar? Nan ne MP3 ke yaudarar mutane. Tsarin MP3 yana tattara sauti ne a ƙunshi-ƙunshi, kowane ƙunshi ɗigo 1,152. Na'urar matse shi tana saka ɗan shiru a farko, wanda a manhajar matse MP3 mai suna LAME, idan aka haɗa da jinkirin buɗewa, yakan kai ɗigo 1,105, kusan kashi 25 cikin dubu na sakan. Sannan ta cike ƙunshin ƙarshe da wani shirun. Wasu burauzoji suna gane wannan su yanke shi, wasu ba sa yi. A waƙar da za a ji sau ɗaya ba wanda zai lura, amma a kiɗa mai zagayawa sai ka ji kamar shaƙuwa duk bayan sakan 32. Ogg Vorbis ba shi da wannan matsala, shi ya sa masu gem suka riƙe shi. Sai dai tsohon Safari na iPhone ba ya karanta shi, don haka a fitar da kwafi biyu, Ogg da M4A, burauza ta ɗauki wanda ta iya. Shi ma M4A yana da nasa shirun a farko, amma akwai maganinsa a gaba.

Hanya mafi sauƙi ta kunna kiɗa a shafi ita ce alamar audio ta HTML5 tare da kalmar loop. Layi ɗaya ne, kuma yana aiki, amma ba a yi alkawarin zai koma farko ba tare da giɓi ba, sau da yawa ma akwai giɓin. Ya wadatar ga ƙarar ruwan sama ko iska. Kiɗa mai bugu kuwa Web Audio ne nasa. Ga yadda tafiyar take: ka buɗe AudioContext guda ɗaya tal don gem ɗin gaba ɗaya. Ka sauko da fayil ɗin duka da fetch, ka miƙa shi ga decodeAudioData ya warware shi. Ka ƙirƙiri AudioBufferSourceNode, ka ba shi abin da aka warware, ka mayar da loop ɗinsa true, ka jona shi da GainNode, wanda shi ne makunnin ƙarfin sauti, daga nan zuwa lasifika. Zagayen Web Audio daidai yake har zuwa ɗigo. Yana kuma da loopStart da loopEnd, inda za ka faɗa masa daga wane sakan zuwa wane sakan zai riƙa zagayawa. Da su ake tsallake shirun MP3 da na M4A, da su kuma ake yin kiɗa mai shimfiɗa: a ji buɗewar sau ɗaya, sannan jikin kiɗan ya ci gaba da juyawa.

Kada ka yarda da dabarar nan ta saka agogon setTimeout ya sake kunna kiɗan in ya ƙare. Agogon JavaScript yakan makara duk lokacin da gem ya yi nauyi, kuma burauza tana rage masa gudu da gangan idan shafin ya koma baya. Agogon sauti daban yake, ba ya jiran kowa.

Wannan hanyar tana da wani alheri ga gem ɗin da ake bugawa ta intanet: kiɗan yana tashi ne daga cikin wayar mai wasa, ba daga sabar yake kwararowa ba. In an sauke shi sau ɗaya, ko sabis ya ɗauke kiɗan na nan. Tana kuma da tsada, wadda ya kamata wanda masu wasansa ke riƙe da ƙananan wayoyin itel da Tecno ya lissafa. Fayil ɗin da aka matse ƙarami ne: sakan 32 a kan kilobit 96 bai wuce kilobait 384 ba. Amma da an warware shi, kowane ɗigo yana cin bait 4, a kunne biyu, sau 44,100 a sakan. Minti ɗaya ya haura megabait 21 a ƙwaƙwalwar waya, kiɗan minti uku ya haura 63. Guntunmu na sakan 32 kuwa kusan 11 ne, in ka mayar da shi kunne ɗaya ya koma rabi, kuma a lasifikar ƙaramar waya ba wanda zai ji bambanci. Gajeren kiɗa mai kyan mahaɗa ya fi dogon da zai sa wayar mutum ta sandare.

To, ka gama duk wannan, ka buɗe shafin, shiru. Ba kuskurenka ba ne. Shekaru da dama shafuka suna buɗe wa mutane sauti ba sallama, har masu burauza suka gaji. Safari ya rufe ƙofar a 2017, Chrome ya bi a 2018, da farko ga bidiyo da alamar audio, sannan ga Web Audio a watan Disamba na shekarar, Firefox kuma a 2019. Ƙa'idar ita ce sauti ba zai tashi ba sai mutum ya taɓa shafin. AudioContext ɗin da aka buɗe kafin taɓawa zai zauna a halin suspended, umarnin play kuma zai dawo da ƙin yarda mai suna NotAllowedError. Kada ka ɓata lokaci wajen neman zagaye wannan doka. Yi allon farko mai babban maɓalli, "Fara wasa", kuma a cikin aikin wannan dannawar ka kira resume, ka tayar da kiɗan. Dole kiran ya kasance a cikin dannawar kanta. In ka jinkirta shi har sai wani abu ya gama saukowa, wata burauzar za ta ce lokacin ya wuce. Saboda haka a sauke kiɗan tukuna, sannan a nuna maɓallin.

Saura babbar matsalar, wadda ta fi kowacce yawan kawo ƙorafi: kiɗa ya mutu ko ya koma farko duk sanda aka sauya fage. Dalilin ɗaya ne a ko'ina. An zaunar da makaɗi a ɗakin da ake rushewa duk bayan mataki, alhali a zaure ya kamata ya zauna, inda kowa ke shiga da fita shi yana nan. Burauza tana share duk abin da ke shafi idan aka tafi wani shafin, har da sautinsa. Gem ɗin da aka gina shi shafi-shafi, irin na PHP da kowace dannawa ke loda sabon shafi, ba yadda za a yi kiɗansa ya ɗore a haka. Wasu sukan ajiye sakan ɗin da kiɗan ya kai a sessionStorage, sabon shafi ya ɗora daga nan. Faci ne: giɓin yana nan, kuma dokar taɓawa tana iya sake tare shi. Gyaran gaskiya shi ne gem ya zauna a shafi ɗaya, a riƙa sauya abin da ke cikinsa da fetch. In gem ɗin ya riga ya girma, sake gini zai yi wuya, sai a yi shafin waje mai riƙe da kiɗan, a saka gem ɗin cikinsa a iframe. A da frameset ake amfani da shi don wannan, amma HTML5 ya yi watsi da shi.

Injinan haɗa gem kowanne yana da nasa wurin da ba a rushewa. A Unity ana kiran DontDestroyOnLoad a kan abin da ke ɗauke da AudioSource. A Godot ana saka AudioStreamPlayer a Autoload, a kuma kunna Loop a wurin shigo da fayil ɗin. A Phaser mai kula da sauti na gem ɗin ne gaba ɗaya, don haka kiɗa yana tsallaka fage da kansa. A Roblox ana ajiye Sound a SoundService a kunna Looped, domin wanda aka maƙala a jikin ɗan wasa yana tafiya tare da shi in ya mutu. Sai dai a nan wata sabuwar matsala kan ɓullo, musamman a Unity da Phaser: mai wasa ya koma allon farko, umarnin ya sake gudana, kiɗa na biyu ya hau kan na farko, in ya sake komawa su zama uku. Kafin a tayar da kiɗa, a duba ko akwai wanda ke tashi. In akwai, a bar shi.

Idan kowane mataki da kiɗansa, kada a datse. A sauke na farko a hankali cikin sakan ɗaya ko biyu da linearRampToValueAtTime yayin da na biyu ke hawa. A tuna AudioBufferSourceNode sau ɗaya ake tayar da shi, in an tsayar sai a ƙirƙiri sabo. Ba shi da nauyi, tunda sautin da aka warware yana nan ajiye.

Kiɗa marar yankewa ba yana nufin kiɗan da ba a iya kashewa ba. Mutum yana wasa za a kira sallah, ko waya ta shigo, ko yana ɗaki cikin dare mutane na barci. Saka maɓallin shiru inda ido zai gan shi, ka ajiye zaɓin a localStorage don kada gobe kiɗan ya sake faɗo masa. Maɓallin ya sauke GainNode zuwa sifili ne kawai, kiɗan ya ci gaba da tafiya a ɓoye. Ka kuma saurari visibilitychange: in an bar shafin ka kira suspend, in an dawo ka kira resume, kiɗan ya ɗora daga inda ya tsaya, batir ma ya huta. A iPhone ka san abu biyu: makunnin shiru na gefen waya yana kashe sautin Web Audio, kuma ba a iya rage ƙarfin alamar audio da umarni a can.

Gwajin ƙarshe ba a kwamfutarka ake yin sa ba. Ɗauki mafi arhar wayar da za ka iya samu, ka buɗe gem ɗin, ka bar kiɗan ya zagaya na minti ashirin. Wuce matakai, koma allon farko sau da yawa, kashe data, kulle allon ka buɗe, sa wani ya kira ka. Sannan ka nemi mai iPhone ku maimaita duka kafin ka tura wa kowa adireshin gem ɗin.